Gidan Ɓatan Kai: Tarihin Sarƙaƙiya a Almarar Hausa, a Tsaunukan Jos da Cikin Wasanni

1.0 Gabatarwa

Akwai wani jigo da ya daɗe yana yawo a cikin adabin al'ummomin duniya, wato labarin wurin da shigarsa ke da sauƙi amma fita daga cikinsa ta gagara. Wani lokaci gini ne mai hanyoyi masu murɗewa, wani lokaci kuwa kogo ne, ko rijiya, ko birnin aljannu. A can ƙuryar wurin akwai dodo, a bayan dodon kuma akwai abin da ake nema, ko ruwa, ko dukiya, ko 'yar sarki. Sai jarumi ya shiga, ya kashe, ya ɗauko, ya fito. Tun daga shekarun 1970 wannan jigo ya tashi daga bakin masu ba da labari ya koma cikin wasannin takarda da na kwamfuta, har ta kai yaron da ke Gangare ko Unguwar Rogo a cikin Jos yana ratsa irin waɗannan gine-gine a wayar hannu, alhali ba shi da sunan da zai kira su da shi a harshensa.

Wannan maƙala za ta bi diddigin jigon ta fuskar tarihi. An zaɓi Jos ne domin a tsaunukanta aka sami irin wannan wuri a zahiri, wanda mutane suka shuka da hannunsu, suka kuma zauna a cikinsa tare da iyalinsu. Kusan dukkan labaran da ake da su a kan wannan jigo an ba da su ne ta bakin mai shiga. Tarihin Filato yana ba da damar a duba al'amarin ta idon wanda ke ciki, kuma da zarar an yi haka, sai a ga ma'anar kalmar "dodo" ta fara rawa.

2.0 Matsalar Suna

Hausa ba ta da kalma ɗaya tak da aka keɓe wa ginin da aka tsara shi da gangan domin ya ɓatar da mai shiga. Wannan ba talaucin harshe ba ne, domin kalmomin da ke kewaye da wannan ma'ana suna da yawa. Akwai lungu da saƙo da ƙurya, waɗanda suka shafi gari da gida. Akwai kogo da rami da rijiya, waɗanda suka shafi ƙarƙashin ƙasa. Akwai duhuwa da kurmi da surƙuƙi da sarƙaƙiya, waɗanda suka shafi daji. Ita sarƙaƙiya asalinta sunan tsiro ne mai ƙaya da ke haɗewa ya hana wucewa, daga baya aka aro ta ga duk al'amarin da ya cuɗe.

Abin lura shi ne inda Bahaushe ya ajiye ruɗanin. Yakan ce wane ya yi makuwa, ko ya yi ɓatan kai, ko ɗimuwa ta kama shi. Ke nan matsalar tana cikin kan matafiyi, ba cikin hanya ba. Idan mutum ya kasa gane gabas a dajin da ya sani, musamman da tsakar rana ko da almuru, akan ce iskoki ne suka juya shi, ƙila ya gifta ta gindin tsamiya ko kuka ko suri ba tare da ya yi bisimilla ba. Bagirke ya ɗora laifin a kan magini, Bahaushe ya ɗora shi a kan iska. Wannan bambanci zai sake ɓullowa a gaba.

Ta fuskar wurin tsare mutane kuwa, harshen bai rasa komai ba: kurkuku, gidan yari, gidan kaso. Abin ma ba na almara ba ne. Bayan da Turawa suka ci Kano a 1903, Lugard ya bayyana gidan yarin birnin a rahotonsa, ɗakuna biyu ƙanana masu ƙofar da sai an sunkuya, inda ya ce ana cusa fiye da mutum ɗari. Ko da yake mai rahoton yana da buƙatar ya halatta cin ƙasar da ya yi, bayanin ya isa ya nuna cewa kurkuku sananne ne a ƙasar Hausa. Sai dai babu dukiya a cikinsa, babu kuma wanda ke shigarsa da son ransa.

3.0 Girka da Masar

Sunan da Turawa ke amfani da shi ya samo asali ne daga kalmar Girkanci labirintos. Labarin ya ce Minos, sarkin tsibirin Kirit, ya sa gwanin magini Dedalus ya gina masa gida mai ruɗarwa domin ya ɓoye wani dodo mai jikin mutum da kan sa. Birnin Atina ya kasance yana biyan gandu na samari bakwai da 'yan mata bakwai, ana tura su ciki dodon ya cinye. Daga ƙarshe Tisiyos, ɗan sarkin Atina, ya shiga ya kashe shi, ya kuma fito saboda Ariyadini, 'yar Minos, ta ba shi ƙwallon zare ya riƙa warwarewa yana tafiya. Da ɗan gari akan ci gari. A 1900 Arthur Evans ya fara tono a Kunosos, ya tarar da fada mai ɗaruruwan ɗakuna, har mutane da dama suka ɗauka ita ce tushen labarin. Wani abin mamaki shi ne zanen ginin da aka buga a kan tsoffin kuɗin birnin hanya ɗaya gare shi, tana ta kewaye har ta kai tsakiya. Ba yadda za a yi mutum ya ɓata a cikinsa, ballantana ya buƙaci zare.

Shi kuwa Hirodotus, a ƙarni na 5 kafin haihuwar Annabi Isa, ya ce ya ziyarci wani gini a Masar mai ɗakuna 3,000, rabinsu a ƙarƙashin ƙasa. An bar shi ya zaga na sama, amma masu tsaro suka hana shi sauka, suka ce masa can ne kaburburan sarakuna da na kadoji masu tsarki. Flinders Petrie ya gano kufan wurin a Hawara a 1888, kusa da dalar Fir'auna Amenemhat III. Wato tun a wancan zamani, abin da ya fi ƙawata labarin shi ne ɓangaren da aka hana baƙo gani.

4.0 Wurin da Ba a Shiga a Almarar Hausa

Almarar Hausa ba ta cika damuwa da tsarin gini ba. Abin da ta fi ba ƙarfi shi ne hani. Misali mafi tsufa shi ne na Tsumburbura a cikin Tarihin Kano, wanda Palmer ya fassara a 1908, aka kuma buga Hausarsa a Labarun Hausawa da Maƙwabtansu. Wurin tsafin itaciya ce da aka kewaye da katanga, ba mai shiga sai Barbushe, duk wanda ya kutsa kai kuwa mutuwa ce makomarsa. Katanga ɗaya ce rak, babu kwana babu lungu, amma ta yi aikin da ɗakuna dubu suka yi wa Minos. Sai a zamanin Sarki Tsamiya, cikin ƙarni na 14, aka rushe ta. Ya kamata a lura cewa marubucin tarihin yana gefen sarakunan da suka rushe ne. Abin da mutanen Dala suka ji a ranar bai iso gare mu ta bakinsu ba.

Labarin Bayajidda ya fi kusa da na Girka, har ana iya jera su. Akwai rami mai zurfi, wato rijiyar Kusugu. Akwai dodo, wato macijin da ake kira Sarki, wanda ba ya barin a ɗebi ruwa sai ranar Juma'a. Akwai baƙon jarumi, akwai kuma 'yar gari da ta sanar da shi sirrin wurin, wato tsohuwar nan Ayana. Sakamakon kuma ɗaya ne, aure da sarauta. Bambancin shi ne Bayajidda bai sauka ba. Ya zura guga, macijin ya ɗago kai, ya sare. Jarumin Hausa yakan jawo dodo waje ne, ba ya bin sa gida.

Idan ana neman birni sukutum da ke haɗiye mutum, sai a duba Jangare, mazaunin iskokin bori. Tremearne, wanda ya yi aiki a Jama'ar Darroro da ke gindin tsaunukan Filato ya kuma tattara tatsuniyoyi a can, ya kawo bayanin birnin a littafinsa na 1914, The Ban of the Bori. Bisa ga abin da aka faɗa masa, matafiya kan jiyo motsin garin daga nesa, amma wanda ya shiga ba a sake jin ɗuriyarsa. Besmer (1983), wanda ya yi bincike a tsakanin 'yan borin Kano, ya nuna cewa an kasa birnin gida goma sha biyu a ƙarƙashin Sarkin Aljan Sulaimanu, kowane gida da shugabansa da sana'arsa da cutar da yake sakarwa. Tsarin dai na masarautar Hausa ne, da fadawa da malamai da makafi da kutare da Fulani da arna. A nan ma iskokin ne ke fitowa su hau dawakinsu. (Kamar da ke tsakanin sunan Jangare da na unguwar Gangare ta Jos kamar sauti ce kurum, na biyun daga gangaren ƙasa ya samo suna.)

Sauka ƙarƙashin ƙasa domin neman dukiya ya fi bayyana ne a rubutaccen adabi, kuma hanyar Gabas ya biyo. Ƙissar Ashabul Kahfi da ta shingen Zulƙarnaini sun riga sun sa kogo da katangar ƙarshen duniya a cikin tunanin duk wanda ya yi karatun allo. Hikayoyin Dare Dubu da Ɗaya suka ƙaro kogunan dukiya da ƙofofin da ake buɗewa da kalma. Littattafan da suka fito daga gasar da Rupert East ya shirya a Zariya a 1933 sun sha daga wannan rafi. A Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, ruwan da ake nema yana ƙasar aljannu, kuma Alhaji Imam bai kai gare shi da ƙarfin tuwo ba, sai da jagorancin waɗanda suka san hanya. Ganɗoki na Bello Kagara shi ma ya ratsa ƙasashen aljannu da takobinsa. A cikin waɗannan duka, mutanen ciki kashi biyu ne: wanda ya taimaki jarumi, da wanda jarumi ya kashe.

5.0 Shingen Ƙerana a Tsaunukan Jos

Tudun Jos ya kai kimanin mita 1,200 a kan teku, duwatsun Shere da ke gabashin birnin kuwa sun haura mita 1,800. A ƙarni na 19 al'ummomin da ke zaune a kansa, irin su Birom da Afizere (waɗanda Hausawa ke kira Jarawa) da Anaguta da Irigwe da Rukuba, sun sami kansu a tsakanin masarautu biyu masu dawaki, Bauci daga gabas, Zazzau da 'yan barandanta irin su Jama'a daga yamma. Tun daga zamanin Yakubun Bauci, wanda ya rasu a 1845, wasu daga cikin na gefe suka shiga amana, wato suna biyan gandu a ƙyale su. Amma tsakiyar tudun bai taɓa shiga hannu ba, kamar yadda maƙalun da Elizabeth Isichei ta tattara a Studies in the History of Plateau State (1982) suka nuna.

An saba cewa duwatsu ne suka kare su. Wannan gaskiya ce ga waɗanda suka zauna a kan dutse, amma babban ɓangare na ƙasar Birom fili ne shimfiɗaɗɗe, mai ciyawa, wanda doki zai yi sukuwa a kai ba tuntuɓe. Abin da ya kare waɗannan garuruwa shi ne ƙerana. Sukan dasa ta a jere ta kewaye kowane gida da kowace gonar bayan gida, shinge na haɗuwa da shinge, har garin baki ɗaya ya zama saƙa. Tsakanin shingayen akwai 'yan siraran hanyoyi masu lanƙwasa, waɗanda ba sa ɗaukar mutum biyu a jere. Turawan farko da suka yi rubutu a kan yankin, ciki har da masu kundin Lardin Filato na 1934, sun sha ambaton waɗannan shingaye, har yanzu kuma ana ganin ragowarsu a ƙauyukan Miyango da na ƙasar Birom.

Ya kamata a tsaya a duba yadda wannan dabara ke aiki, domin ta fi ganuwa wayo ta wasu fuskoki. Ƙerana ba ta buƙatar yaɓe kowace shekara. Reshe ake yankowa a kafa a ƙasa ya kama, kuma kullum ƙara tsawo da kauri take yi, har ta wuce kan mahayi. Tana da ƙaya, tana kuma da farin nono mai ƙuna wanda ke salanta fata, in ya shiga ido ya makantar. Don haka wanda ya zare takobi ya sare ta, kansa da dokinsa ya yi wa. Ɗanya ce shar ko da rani, wuta ba ta cin ta da sauƙi. Ƙarfin rundunar Hausa da Fulani kuwa yana ga barde mai lifidi da ingarman doki, waɗanda ke buƙatar fili su taho a jere su auka wa abokan gaba gaba ɗaya. Da zarar sun shiga lungun ƙerana sai jeren ya tsinke, kowa ya bi bayan wani. Na gaba ba ya iya juya doki, na baya ba ya ganin abin da ke faruwa, kibiya da mashi kuwa suna fitowa daga inda ba a gani. Su mutanen gari suna da nasu ƙananan dawaki, wato ƙuru, da suke hawa ba sirdi, suna kuma sane da kowace kafa.

To, a nan ne kwatancin ya juye. Ga mahayin da ya taso daga Bauci, wannan gari shi ne gidan Minos: hanyoyi masu ruɗarwa, mutuwa a ƙurya, da dukiya a ciki, wato bayin da ya zo kamawa. Amma ga yarinyar da aka haifa a ciki, hanyar zuwa gidan kakarta ce, ba ta taɓa yin makuwa a cikinta ba. Haka kuma gandun samari da 'yan mata, wanda a labarin Girka ake kai wa dodon ciki, a Filato daga ciki ake fitar da shi a kai wa na waje. Idan da mutanen shingen ne suka rubuta almarar, da dodon yana bisa doki. Wannan yana daga cikin abubuwan da mai nazarin adabin Hausa ba zai kau da kai daga gare su ba, domin tatsuniyoyi da littattafan jarunta da dama sun sa "arnan dutse" a gurbin da ake sa dodo. Kalmar dodo kanta ta yaɗu ta bakin Hausawa ta zama sunan da ake kiran ababen bauta da masu shigar rufe fuska na ƙabilun kudancin Zazzau da Filato, alhali kowace ƙabila tana da sunan da take kiran nata.

Ba za a ce wannan dabara ta ƙabilun dutse ce kaɗai ba. Wajen 1846 Malam Hamza da wasu malamai suka bar Tsakuwa ta ƙasar Kano saboda saɓani a kan haraji, suka fake a duwatsun Ningi, inda magadansu suka zame wa Kano da Bauci da Zazzau ƙarfen ƙafa har zuwan Turawa. Su ma an yi ta ba da labaran sihirinsu. Da alama duk wanda ya shiga inda doki ba ya kaiwa, sai an ba shi tsafi. Gidan Bahaushe ma, daga zaure zuwa shigifa zuwa turaka, an karkatar da ƙofofinsa ne don kada idon baƙo ya zarce ciki, kuma ana iya ganin wannan fasali a Jos ɗin kanta, a gidan adana gine-ginen gargajiya da ke maƙwabtaka da gidan tarihi, inda aka kwaikwayi ganuwar Kano da masallacin Zariya.

5.1 Ramukan Kuza

Abin da doki ya kasa, bindiga mai ruwa ta yi shi cikin 'yan shekaru. Ƙerana tana tare mahayi, ba ta tare harsashi. Abin da ya kawo Turawan kuwa yana ƙarƙashin ƙasa. Tun kafin zuwansu maƙeran Ririwai suna narka kuza suna sayar da dalma, ta nan ne kamfanin Neja ya bi sawu. A 1903 da 1904 H. W. Laws ya iso yankin, ya kafa sansani a Naraguta. Ƙaramin jirgin ƙasa daga Zariya ya iso Jos a 1914, babban layi daga kudu ya iso a 1927. Dubban Hausawa suka kwararo aikin lebura da fatauci, kuma harshensu ne ya raɗa wa barikoki da dama suna, irin su Barikin Ladi da Mai Idon Toro. Bayan da Japan ta kama Malaya a 1942, gwamnatin mulkin mallaka ta ɗebo mutane daga lardunan Arewa aikin tilas har zuwa 1944, da yawa kuma sanyi da yunwa da cuta suka kashe su, kamar yadda Bill Freund (1981) ya bayyana. Wannan karon an kai gandun samari cikin rami da gaske.

Kasuwar kuza ta duniya ta karye a 1985, manyan kamfanoni suka watse, suka bar tafkuna masu zurfi a kewayen Bukuru da Rayfield da Barikin Ladi. Tsohon imanin Bahaushe cewa ruwa mai zurfi ba ya rasa masu shi ya sami sabon mazauni a nan, musamman duk lokacin da tafki ya ci mutum. Masu ƙaramin ƙarfi kuma suka ci gaba da haƙa irin wadda ake kira loto: a haƙa rami kamar rijiya har a kai ga yashin kuza, sannan a riƙa bin sa ta gefe a cikin duhu, a sunkuye. Rami yakan haɗu da rami, ƙasa kuma takan rufta.

Ramukan sun fito da wata dukiyar da ba a nema ba. A 1928 masu haƙar kuza suka tono wani ɗan kai na yumɓu a ƙauyen Nok. A 1943 aka kawo wa Bernard Fagg wani daga wajen Jama'a, wanda wani ya kafa a gonarsa yana korar tsuntsaye da shi. Daga nan aka gane al'adar Nok, wadda ta haura shekara 2,000, kuma wannan na daga cikin dalilan buɗe gidan tarihi na Jos a 1952. A shekarun 1990 aka yi ta tonon waɗannan gumaka a ɓoye ana fitar da su Turai, har a 2000 hukumar gidajen tarihi ta duniya ta sa su a jerin kayan Afirka da ke cikin haɗari.

6.0 Daga Almara zuwa Wasa

Wasannin gargajiya na Hausa da ake yi a zaune ba su ginu a kan ɓoyayyen wuri ba. Dara, alal misali, gurbi 30 ce, kowa da 'ya'ya 12, komai a fili yake, abin da ke ɓoye shi ne niyyar abokin wasa. Ɓuya kuwa yara ba sa gina mata wuri, lungunan unguwa sun wadatar. Inda Bahaushe ya gina sarƙaƙiya domin nishaɗi shi ne cikin magana, wato kacici-kacici. Mai tambaya ya san hanya, mai amsa yana lalube, in ya gaza kuma sai ya ba da gari kafin a fitar da shi. Wannan biyan gari ya cancanci nazari na musamman, domin fansar kai ce irin ta yaƙi aka mayar wasa.

A Amurka, a 1974, Gary Gygax da Dave Arneson suka fitar da Dungeons & Dragons. Kalmar farko ta sunan asalinta Faransanci ne, tana nufin hasumiyar tsakiyar fada, daga baya ta koma nufin kurkukun ƙarƙashin ƙasa. A wasan, mutum ɗaya yakan zana taswirar kurkukun a ɓoye, ya riƙa bayyana wa sauran abin da ke gabansu ɗaki bayan ɗaki, su kuma su faɗi abin da za su yi, a jefa 'ya'yan caca a ga ko sun dace. Matsayinsa bai yi nisa da na mai tatsuniya ba, sai dai masu sauraro ne ke tuƙa Gizo. A 1976 Will Crowther, wanda ya yi aikin auna kogon Mammoth na Jihar Kentaki, ya mayar da wani sashe na kogon wasan kwamfuta na rubutu zalla. A 1980 wasan Rogue ya zo da sabon abu, kwamfuta ce ke sake zana kurkukun duk lokacin da aka fara, ta yadda babu mai haddace hanya. A wannan shekarar Pac-Man ya fito daga Japan, The Legend of Zelda ya biyo a 1986.

Dokar mafi yawan wasannin kurkuku ɗaya ce: ka shiga gidan da ba naka ba, ka kashe wanda ka tarar, ka kwashe abin da ke ciki, ƙarfinka ya ƙaru, ka sauka mataki na gaba. Mai wasa a wata ƙasa yana iya ɗaukar wannan a matsayin ƙirƙira kawai. A Jos kuwa an yi shi sau uku cikin ƙarni biyu, da doki, da injin haƙar kuza, da kuma shebur ɗin masu satar gumaka. Daɗin daɗawa, tun bayan rikicin Satumba 2001 da waɗanda suka biyo baya a 2008 da 2010, unguwannin birnin suka rarrabu bisa addini, har ya zamana akwai lungunan da ɗan wata unguwa ke shakkar shiga, kowane ɓangare kuma yana da labaran da yake bayarwa a kan abin da ke can ciki.

Saura batun suna, wanda zai taso wa duk mai fassara irin waɗannan wasanni ko labaran Girka zuwa Hausa. Kurkuku ba ta dace ba, domin ɗan kurkuku kai shi ake yi, kuma ba ya tsammanin fitowa da dukiya. Kogon tsafi ya fi kusa da abin da wasannin ke nufi. Ga ginin mai ruɗarwa kuwa, "gidan ɓatan kai" ya dace da tunanin Hausa, tun da ya ajiye ruɗanin a kan mai shiga, yara kuma za su gane shi nan take. Amma inda ake maganar tarihi, sarƙaƙiya ta fi cancanta. Sunan tsiro ce tun asali, kamar yadda shingen Birom tsiro ne, ba ta kuma yanke hukunci a kan wanda ya ɓata da wanda ke gida ba. A ƙauyukan da ke kan hanyar Miyango, inda katangar bulo ta maye gurbin wani sashe na ƙeranar, akuya da barawon kaza ne kaɗai ragowar shingen ke tarewa yanzu.